Kalangu da kwamfuta a fim ɗaya: wa zai bi wani?

Jikan Makaɗi: Assalamu alaikum 'yan zaure. Magana ce a kan kiɗan fim. Ba waƙoƙin rawa nake nufi ba, kiɗan nan da ke tafiya a ƙarƙashin labari yana jan zuciyar mai kallo. Ina roƙon masu situdiyon da ke cikinmu su tanka.

Akwai wani Bature ɗan ƙasar Suwidin, Ludwig Göransson, shi ya yi kiɗan Black Panther na 2018. Kafin ya fara aikin sai da ya tattara ya tafi Senegal ya yi kusan wata guda, ya bi Baaba Maal yawon wasa, sannan ya zauna da makaɗan can ya naɗi kiɗansu. Gangar da suke kira tama 'yar uwar kalangunmu ce, a hammata ake matse ta, sai dai ta fi shi ƙanƙanta. Massamba Diop ne ya kaɗa ta. In sarki T'Challa ya bayyana, tama ce ke kiran sunansa. Wannan ai take ne, abin da makaɗan fada suke yi wa sarakunanmu tun kaka da kakanni. Shi kuma bos ɗin fim ɗin, Killmonger, wanda ya tashi a Oakland ta Amurka, sai aka haɗa masa sarewar Fulani da bugun na'urar 808 irin na 'yan hip-hop. Da kunne kaɗai za ka gane jinin Afirka ne da ya girma a wata uwa duniya. Da wannan aikin ya ci Oscar a 2019.

To ga tambayata. Kalangu namu ne, goge namu ne, kwamfuta kuwa babu situdiyon da ba ta a Zoo Road ta Kano. Me ya hana mu haɗa su? Me ya sa ko fada aka nuna a fim ɗinmu, algaitar cikin fiyano ake busa mana?

Shugaban Zaure: Wa alaikumus salam. Magana ta yi. A yi ta cikin mutunci, kowa ya faɗi abin da ya sani.

Mai Fiyano: Wa alaikumus salam. Yayana, ba rashin sani ba ne, rashin hali ne. Wancan Baturen kamfani ne ya ɗauki nauyinsa ya je Senegal, daga can ya wuce Grahamstown ta Afirka ta Kudu, inda akwai ɗakin ajiyar kiɗe-kiɗen Afirka da Hugh Tracey ya kafa a 1954, ya zauna yana saurare. Da ya gama kuma aka tara masa makaɗa da mawaƙa a Abbey Road da ke Landan. Ni kuwa furodusa zai kawo min fim ranar Laraba ya ce Juma'a za a ɗora shi. Kuɗin da ya ware wa kiɗa ba zai kai mai kalangu da yaransa gida ba, balle ya biya su. In na ce a kira makaɗi sai ya ce ai fiyano na da komai. Ina zan sa kaina?

Jikan Makaɗi: Na ji maganar kuɗi, kuma ban raina ta ba. Amma shi Senegal ya je saboda ba shi da tama a Suwidin. Kai mai kalangu na bayan layinku. Tikitin jirgi ba ya cikin lissafinka.

Mai Fiyano: Yana bayan layinmu, gaskiya ne. Ka taɓa shigar da shi situdiyo? Ni na sha yi. Kwamfuta tana da ma'aunin bugu, ƙwas-ƙwas-ƙwas a kunne, ba ta gaba ba ta baya. Mai kalangu kuwa in kiɗa ya yi masa daɗi sai ya ƙara wuta, in ya zo wajen kirari sai ya ja. Kafin a yi minti ɗaya ya bar bit ɗin a baya ko bit ya bar shi. Ga kuma batun murya. Fiyano matakala 12 gare shi kafin ya koma inda ya fara, babu komai a tsakaninsu. Goge kuwa a tsakanin nan yake rayuwa. Ka ɗora shi a kan kiɗan fiyano, sai ka ji kamar ɗaya na ƙarya. Dole ka kwana kana yanka kana gyara.

Maman Walida: Ni dai 'yar kallo ce, ban san na'ura ba, amma kunnena ya san abin da yake so. Mu da muka tashi da finafinan Indiya, me ya sa su ba su jefar da nasu ba? A. R. Rahman da fiyano ya fara, kiɗan talla yake yi kafin fim ɗin Roja na 1992, kuma a situdiyonsa na gida a Chennai ya yi aikin. Amma ka saurara, sarewarsu na nan, tabla na nan, na'ura na nan, babu wanda ya danne wani. Ya zo ya ci Oscar biyu a 2009. Mun kwaikwayi rawarsu da soyayyarsu, wannan abu ɗaya mai kyau ne muka tsallake.

Ɗan Damagaram: Hajiya kin taɓo inda yake min ƙaiƙayi. Amma ina so in tsaya wa na'ura kaɗan, don kada a ɗauka ita ce abokiyar gaba. Mu a Nijar muna da Mamman Sani Abdoulaye. Tun 1978 ya naɗi kiɗa a Yamai da wata ogan ta lantarki ƙirar Italiya, ba ganga ba goge. Shekara da shekaru rediyo da talabijin na ƙasa suna sa kiɗansa tsakanin shirye-shirye, har yara suka haddace shi ba su san mai shi ba. A 2013 kamfanin Sahel Sounds ya sake fitar da shi, Turawa suka yi ta mamaki. Wanda duk ya ji kiɗan nan ya san na Sahel ne, don waƙoƙin gargajiyarmu ne a kansa, yatsunsa kawai ya ɗora a kan lantarki. Ke nan ba kayan kiɗan ne matsala ba, abin da ke cikin kan mai kaɗawa ne.

Jikan Makaɗi: Ɗan uwa na yarda da kai rabi. Mamman Sani bai ce ogan ɗinsa goge ba ce. Ya bar ta ta yi kukanta na lantarki. Abin da ke damuna shi ne a danna maɓalli a ce min wai kalangu ne. Tun da fiyanon Yamaha ya shigo situdiyoyin Kano a shekarun 1990 muke jin wannan, har yaran yanzu sun ɗauka haka kalangu yake.

Baba Kazagi: Salamu alaikum. Yarona ne yake rubuta min, ni ina faɗa. Na yi shekaru ina bin masu kalangu, kazagi nake riƙewa, shi ya sa sunan ya bi ni.

Kai mai fiyano, ɗana, ka ce makaɗi yana barin bit. Ba barin sa yake ba. Magana yake yi. Kalangu Hausa yake ji, Hausa yake faɗa. Akwai gaɓa doguwa akwai gajera, akwai inda murya ke hawa akwai inda take sauka. Hannun dama na riƙe da gula, hagu na kan tsarkiya, hammata na matsawa tana saki. In ka matse, murya ta hau. In ka saki a hankali bayan ka buga, sai ta gangaro kamar mutum ya ce "to". Wannan gangarowar ita ce kalangu. In ka ɗauki almakashin kwamfutarka ka daidaita kowane bugu ya zauna a kan layi, ka mai da doguwar gaɓa gajera, to ka canza maganar. Mahauci zai ji ya ce wannan ba takensa ba ne.

Kuma kalangu ba ya tafiya shi kaɗai. Akwai ɗan karɓi, akwai kuntukuru. Su ne ke riƙe da ƙasa, shi babban yana yawo a sama yana dawowa. Abin da kake nema kwamfuta ta yi, wato riƙe lokaci, aikin yaran nan ne tun asali. Ka ba na'urarka aikin kuntukuru, ka bar uban kiɗa ya yi maganarsa. Ku saurari Shata, Allah ya jiƙansa, ku ji yadda na ƙasa ba sa motsi, na sama kuwa yana shiga yana fita.

Maman Walida: Allah ya ƙara girma Baba. Wallahi ban taɓa jin an bayyana shi haka ba.

Mai Fiyano: Allah ya saka da alheri Baba, na ƙaru. Amma da izininka zan ɗan ja. Shi wannan Göransson ɗin da ake ba mu misali da shi, a fim ɗin Oppenheimer na 2023 akwai wani kiɗa da saurinsa ke canzawa sau 21. Masu gogen Turawa sun kaɗa shi kai tsaye a tashi ɗaya, kuma da ma'aunin bugu a kunnensu suka yi, an shirya shi yana sanar da su sabon sauri kafin a kai wurin. Wato ƙwararrun makaɗa ne suka bi na'ura, kuma abin ya yi kyau har ya sake cin Oscar a 2024. Don me namu ba za su koyi bin ta ba? Fim ba dandali ba ne. In jaruma za ta juyo a daƙiƙa ta 40, dole bugun ya faɗi a daƙiƙa ta 40.

Jikan Makaɗi: Ka ba da misalin da ya taimake ni. Wa ya tsara canjin nan 21? Mutum ne. Ya lanƙwasa na'urar ta yi ta hawa da sauka yadda numfashi ke yi, bai ce a miƙe a kan sauri ɗaya daga farko har ƙarshe ba. Kuma ka tuna dalilin da ya sa daraktan fim ɗin, Christopher Nolan, ya ba Göransson shawarar gogen Turawa tun farko: ba shi da matakala a wuyansa, yatsa na iya zamewa daga murya mai daɗi zuwa mai tayar da hankali a ja ɗaya. Wannan zamewar da Nolan ya nema ita ce kai kake gogewa da Auto-Tune, manhajar nan ta daidaita murya, in an kawo maka mai kukuma.

Hanyar a bayyane take. Ka fara naɗar makaɗi yana kallon fim ɗin, ba komai a kunnensa. Bayan nan ka sa kwamfuta ta bi sawunsa, duk manhajojin da kuke aiki da su suna iya wannan. Sai ka kawo bes da sauran sautin lantarki ka shimfiɗa a ƙarƙashi, ka zaɓi murya ɗaya ko biyu da suka dace da gogen ka riƙe su dogo, kada ka cika masa matakala. Shi kansa Göransson ya faɗa a hirarrakinsa cewa babbar wahalar da ya sha ita ce da zarar ya ɗora kiɗan Turawa a kan abin da ya naɗo, sai ya daina kama da na Afirka, sai da ya koma ya sa na Turawan ya bi gangunan.

Mai Fiyano: A baki da sauƙi. Aikin yini ɗaya ya koma na kwana uku.

Edita: Ku bari in shigo ta wata ƙofa, don ni ne nake karɓar abin da kuka gama in haɗa da hoto. Kuna ta maganar 808. Na'ura ce da kamfanin Roland na Japan ya fitar a 1980, kuma abin da ya sa ake son ta shi ne bugunta mai zurfi da ke girgiza ƙirji. A sinima ke nan, inda akwai manyan lasifikoki. Masu kallonmu fa? A waya suke kallo, a YouTube, wani ma a cikin Keke Napep. Lasifikar waya ba ta iya fitar da wannan zurfin. Na sha karɓar aiki mai fiyano ya cika shi da bes, a situdiyo kamar gini zai faɗi, a waya kuwa shiru, sai muryar 'yan wasa kawai. Amma kalangu da sarewa da goge muryarsu a tsakiya take, inda waya ta fi ƙarfi. Ko don wannan kaɗai ya kamata a ba su gaba, lantarki ya tsaya a baya.

Sai dai akwai haɗari ɗaya. Inda kalangu yake, nan muryar mutum take. In ana magana a fim kuma kalangu na magana, mai kallo zai rasa wanda zai saurara. Dole a san inda za a sa shi: shigowar mutum, fitarsa, bayan an faɗi magana mai nauyi.

Abu na biyu, kuma furodusoshi su ji da kyau. Yawancin kiɗan tashin hankali da na kuka da kuke ji a finafinanmu masu dogon zango, daga intanet ake kwaso shi, wani ma daga finafinan waje. YouTube na da tsarin da ke gane kiɗan da ke da mai shi, kuma in ya gane, kuɗin tallan na iya komawa can. Wanda ya ƙi biyan mai goge na yini ɗaya zai iya rasa kuɗin fitowa guda. Kiɗan da ka naɗa da kanka kuwa naka ne, ka yi ta amfani da shi har fim ya ƙare.

Ɗan Damagaram: Wannan ita ce maganar da za ta shiga kunnen mai kuɗi.

Malamar Adabi: "Naka ne" ɗin nan da Edita ya faɗa shi ya sa na kasa yin shiru. Na wa? Ina jin daɗin misalin Black Panther, amma mu faɗi gaskiya duka. Waƙar da ke tashi lokacin da aka shiga Wakanda, muryar Baaba Maal ce, da Fulatancin Senegal, yana waƙar giwar da ta faɗi, wato sarkin da ya rasu. Wannan hikimar daga Podor, garin Baaba Maal, ta fito, ba daga Stockholm ta Suwidin ba. Amma sunan da aka kira a dandalin Oscar ɗaya ne. Ban ce Göransson ya ɓoye su ba, yana ambaton su, kuma Massamba Diop ya yi ta fitowa da tamarsa a wuraren da ake nuna fim ɗin da makaɗa kai tsaye. A kashi na biyu na fim ɗin, na 2022, ma Göransson ya zo Legas ya yi aiki da mawaƙan Najeriya irin su Tems. Duk da haka tsarin ya fi ba wanda ke riƙe da kwamfuta.

Tsorona shi ne mu yi wa namu abin da ya fi haka muni. A kira dattijo a ba shi kuɗin mota, a naɗi hannunsa, a yanka gunduwa-gunduwa a adana a kwamfuta, a yi shekara goma ana ci da shi, ko sunansa ba a rubuta a ƙarshen fim ba. Da ma can al'ummarmu ba ta ɗauki makaɗi da daraja ba, shi ya sa 'ya'yansu da yawa suka guje wa sana'ar. Haruna Uji ya tafi da gurminsa, Ɗan Maraya Jos ya rasu a 2015, Barmani Choge a 2013. In za a haɗa kiɗan nan da na'ura, a haɗa da haƙƙinsa.

Baba Kazagi: Malama, Allah ya yi miki albarka. An taɓa yi wa wani abokin tafiyata haka. Ya ji hannunsa a waƙar biki ana ta rawa, ya ce wannan ni ne, aka ce masa ai kwamfuta ce. Har ya koma ga Allah abin na ransa.

Mai Fiyano: Allah ya jiƙansa. Wannan zalunci ne, kuma ba na goyon bayansa. Amma Malama, ki dubi ɓangarenmu. Mu ma sau da yawa ba a rubuta sunanmu. Mawaƙi ake sani, jarumi ake sani. In an ce duk fitowa sai an sake biyan makaɗi, furodusa zai ce a koma fiyano, shi ke nan an rufe ƙofar gaba ɗaya.

Malamar Adabi: Ban ce duk fitowa ba, ƙanena. A yi yarjejeniya a rubuce: wannan naɗin na wannan fim ne. In za a kai shi wani fim, a koma a nemi izini a ƙara masa wani abu. Sunansa kuma ya fito, da sunan abin da ya kaɗa. Kai ma naka ya fito. Rubuta suna ba ya cin ko sisi.

Edita: Wannan a hannuna yake. In an ba ni sunayen zan sa.

Jikan Makaɗi: Mai Fiyano, ga shawara. Kada mu ce fim guda. Edita ya ba mu fage ɗaya, minti biyu, inda uba ya shigo gida ya tarar an kwashe kayan 'yarsa, ko wani abu mai nauyi irin wannan. Ka yi masa kiɗa yadda ka saba. Sannan a yi na biyu da mai kukuma ko mai kalangu, kai ka shimfiɗa lantarki a ƙasa. A ɗora duka biyun a nan ba tare da an faɗi wanne ne wanne ba, kowa ya saurara a wayarsa. Kuɗin makaɗin ni zan biya.

Maman Walida: Ni ma zan sa hannu a kuɗin. Amma don Allah a sa kukuma, ita ce ke taɓa ni.

Mai Fiyano: Na karɓa, da sharaɗi biyu. Na farko, in an zo wurin da hoto ke buƙatar bugu ya faɗi daidai, zan matsar da shi, kuma zan nuna wa Baba ya ji ko maganar ta canza. Na biyu, a yi shi da rana lokacin da akwai wuta, don ƙarar janareta na shiga makirfo, kuma sai an kashe fanka.

Baba Kazagi: Ka matsar, in ta canza zan gaya maka. Amma in kalangu ne, kada ku sa shi a ɗakin sanyin nan naku tun da wuri, fata ba ta son sa. Yanzu damina ce, ta riga ta saki, sai an ɗan shanya shi a rana kafin a fara. Mai kukuma kuma ku ce ya taho da ƙaronsa na shafa wa izga. Akwai yaro a unguwarmu da hannunsa ya faɗa, zan tura wa Shugaba lambarsa ta gefe in ya amince.

Shugaban Zaure: Madalla. Edita, ka zaɓo fagen ka nemi izinin mai fim ɗin kafin ka turo. Malama, ki rubuto mana yarjejeniyar nan a taƙaice da Hausa, yadda za a karanta wa makaɗin ya ji kafin ya sa hannu.

Malamar Adabi: Zan rubuto in sha Allahu. Mai Fiyano, ka turo min yadda kake so a rubuta sunanka da na situdiyon, har da wanda zai riƙe makirfo.